3.2 Jigon Ɓoye Asiri da Bambancin Matsayi a Fim Ɗin "Way Down East"

Kafin shekarar 1927, lokacin da fim mai magana ya fara karɓuwa a Amurka, fina-finai ba su da murya. Ana isar da saƙo ne ta hanyar motsin jiki, da yanayin fuska, da ɗan rubutun da akan nuna tsakanin fitowa da fitowa. Wannan sashe zai duba yadda aka sarrafa jigon asirin iyali a fim ɗin "Way Down East", wanda D. W. Griffith ya shirya a 1920 daga wasan kwaikwayon Lottie Blair Parker.

Tauraruwar labarin ita ce Anna Moore, wadda Lillian Gish ta fito a matsayinta. 'Yar talakawa ce daga ƙauye, mahaifiyarta ta tura ta Boston neman taimako wurin danginsu masu arziki. A can ne wani ɗan masu kuɗi, Lennox Sanderson, ya yaudare ta da auren ƙarya, ya kuma nemi ta ɓoye maganar. Da ta samu juna biyu sai ya gaya mata ba aure tsakaninsu. Jaririn ya mutu, ita kuwa ta shiga aikatau a gonar Bartlett ba tare da ta faɗi abin da ya same ta ba.

Abin lura a nan shi ne, asiri ɗaya ne tsakanin mutum biyu, amma nauyinsa bai hau kansu daidai ba. Sanderson maƙwabcin gidan Bartlett ne, ana girmama shi, har ana cin abinci da shi. Anna kuwa, ranar da magulmaciya Martha Perkins ta tona maganar, sai maigida ya kore ta cikin tsananin dusar ƙanƙara. Kafin ta fita ne ta nuna Sanderson a gaban kowa.

Bugu da ƙari, rashin murya ya ƙara wa jigon ƙarfi. Mai kallo ya san abin da mutanen gidan ba su sani ba, don haka duk lokacin da kyamara ta matso kusa da fuskar Anna, yana karanta fargabar da take ɓoyewa. Daga ƙarshe David, ɗan maigida, ya ceto ta daga kan ƙanƙarar kogi ya aure ta. Wannan ya nuna fim ɗin ya ɗora laifin a kan mai dukiyar da ya yi yaudarar, tare da al'ummar da ta rufa masa asiri.