Fataucin Guangzhou: Yadda wa'adin kotu ke cinye haƙƙin ɗan kasuwa

Duk wanda ya taɓa zuwa fatauci birnin Guangzhou na ƙasar Sin ya san titin Huanshi Lu, inda benen Tianxiu da unguwar Xiaobei suka zama matattarar 'yan kasuwar Afirka ta Yamma, ciki har da Hausawan Nijeriya da Nijar. A nan ake ƙulla cinikin atamfa da takalma da wayoyin hannu, a ba da kafin alƙalami, a jira kwantena. To amma idan ciniki ya lalace, kaya suka zo ba yadda aka yi alkawari ba, ko mai masana'anta ya riƙe kuɗi, sai a tarar akwai abin da mutanenmu ba su cika lura da shi ba, wato wa'adin da doka ta yanka wa mai neman haƙƙinsa.

Sau da yawa ɗan kasuwa kan shigar da ƙara, bizarsa ta ƙare, ya dawo Kano ko Maraɗi da niyyar sai lokacin baje kolin Canton, wanda ake yi sau biyu a shekara tun 1957, zai waiwayi maganar. A dokar Sin, idan aka aika wa mai ƙara sammaci bai halarta ba, kuma ba shi da ƙwaƙƙwaran uzuri, kotu na iya ɗauka cewa ya janye ƙararsa. Yana da damar sake shigar da ita daga farko, sai dai kwanaki ba su tsaya jiransa ba.

Kundin dokokin mu'amala na ƙasar, wanda ya fara aiki ranar 1 ga Janairun 2021, ya ba mai bin haƙƙi shekara 3 daga ranar da ya san an zalunce shi, in kuma cinikin kaya ne tsakanin ƙasa da ƙasa shekara 4. Idan an yanke hukunci, mazaunin ƙasar na da kwana 15 ya ɗaukaka ƙara, wanda ba shi da mazauni a can kuma kwana 30. Ko wanda ya yi nasara ma shekara 2 kawai gare shi ya nemi kotu ta tilasta biyansa. Wanda wani babban dalili ya hana shi cika wa'adin wani mataki na shari'a zai iya roƙon ƙari cikin kwana 10 bayan gushewar dalilin.

Masu zuwa Indiya sayen magani ko yadi su sani cewa abin ya fi tsauri a can. Idan wanda ake ƙara ya zo, mai ƙara bai zo ba, aka kori ƙarar, dokar shari'a ta 1908 ta hana shi sake shigar da sabuwa a kan wannan magana. Abin da ya rage masa shi ne ya roƙi a dawo da tsohuwar, kuma dokar wa'adi ta 1963 ta ba shi kwana 30 daga ranar korar. Bayan nan sai ya gamsar da alƙali dalilin jinkirinsa. A lokacin korona sai da Kotun Ƙolin Indiya ta cire kwanakin 15 ga Maris 2020 zuwa 28 ga Fabrairu 2022 daga lissafi.

Bahaushe ya saba da ɗaga wa wanda yake bi bashi ƙafa, kuma addini ya yaba wannan hali. Sai dai haƙurin da ba a rubuta ba hasara yake jawowa a kotun Sin. Dokar ta ce duk lokacin da mai bin bashi ya nemi a biya shi, ko wanda ake bi ya amsa zai biya, lissafin wa'adi na komawa farko. Ke nan saƙon WeChat guda da aka adana yana iya ceto miliyoyi, domin kotunan ƙasar na karɓar irin wannan shaida.

Don haka a riƙe rasit da takardar yarjejeniya mai ɗauke da hatimin kamfani, a riƙa tuni a rubuce. Wanda ya kai ƙara kuma kada ya baro ƙasar sai ya wakilta lauya ɗan Sin, don shi kaɗai doka ta yarda ya tsaya a matsayin lauya gaban kotunsu. Allah Ya tsare mana dukiyarmu, amin.