Sana'ar Saukar Baƙi: Daga Ayarin Gishiri A Tasawa Zuwa Ƙauyukan Kan Dutse A Biyetnam

Duk ɗan kasuwar da dare ya taɓa yi masa a garin da ba shi da kowa, ya san darajar mai masauki. Shi ne zai ba ka ɗaki, ya adana maka kaya, ya haɗa ka da mai saye, idan kuma rigima ta taso shi zai tsaya maka a gaban mai gari. A gundumomin Tasawa da Mayahi na jihar Maraɗi wannan al'ada ta girmi mota, ta girmi kuɗin takarda. Abin da watakila da yawa daga cikin masu karatunmu ba su sani ba shi ne, a wasu ƙasashen Asiya manoma talakawa mazauna kan duwatsu sun mayar da saukar baƙi sana'a mai zaman kanta, har ta zama da ita wasu gidaje suke sayen sutura da biyan kuɗin lakwal na yara.

Baƙin hunturu

Tun kaka da kakanni, da zarar an gama girbi iskar hunturu ta fara kaɗawa, mutanen wannan yanki suka san cewa baƙinsu na arewa suna kan hanya. Su ne Abzinawan Kel Ewe na tsaunukan Azbin, musamman na wajen Timiya da Bagazam. Wajen watan Oktoba sukan ɗaura wa raƙuma gero su ratsa hamadar Tenere, tafiyar ɗaruruwan kilomita, zuwa Fashi da Bilma, inda suke musanya hatsin da gishiri da dabino. Gishirin iri biyu ne: kantu, wanda nauyinsa kan kai kilo 20 kuma dabbobi ake ba, da beza na miya. Bayan sun koma gida sun huta, sai su gangaro kudu ta Damargu, su bazu a ƙasar Tasawa da kewaye, wasu su zarce har Katsina da Kano.

Waɗannan baƙi sukan shafe watanni, galibi sai bazara ta kawo kai sannan su juya. Manomi ya bar musu gonarsa su yada zango, raƙuma su ci kara da ganyen itatuwa, shi kuma ya samu taki ba tare da ya fitar da ko dala ba. Matan gida su sayar musu da fura da tuwo, su sari gishiri su kasa a kasuwa. Mai masauki kuwa shi ne dillali, yana cin la'adarsa a kan duk kantun da aka sayar ta hannunsa. Da kuɗin ne madugu zai sayi geron da zai ci da wanda zai kai Bilma baɗi, ya kuma sayi rawanin baba mai ƙyalli da ake rinawa a Kura ta ƙasar Kano. Sau da yawa gida ɗaya ne iyali ɗaya na Abzinawa ke sauka shekara da shekaru, ɗa ya gaji uba a baƙunci, ɗa ya gaji uba a karɓar baƙo.

Har ma Baturen nan ɗan Jamus, Heinrich Barth, wanda aka fi sani da Abdulkarim, a cikin irin wannan ayari ya shigo ƙasar Hausa. Ya taso daga Tarabulus a 1850, ya biyo ayarin gishirin Kel Ewe daga Azbin, ya sauka Tasawa a watan Janairun 1851 kafin ya wuce Gazawa da Katsina da Kano. Daga cikin abubuwan da ya rubuta game da garin har da irin wahalar da 'yan kasuwa ke sha wajen ƙirga kuɗin wuri ɗaya bayan ɗaya. Ke nan ana iya cewa Tasawa ta sauki ɗan yawon buɗe ido tun fiye da shekara 170 da suka wuce.

A farkon shekarun 1900 an ƙirga ayarin Bilma da ya kai raƙuma 20,000. Farin 1973 zuwa 1974 da na 1984 zuwa 1985 sun kashe raƙuma masu ɗimbin yawa, manyan motoci suka shigo harkar dakon gishiri, sannan gonaki suka cinye hanyoyin dabbobi, manomi kuma ya koyi tattara karansa ya sayar maimakon ya bar shi a gona. Har yanzu akwai masu yin ayarin, sai dai ba kamar da ba, kuma gidaje da yawa da suka saba cin la'adar gishiri sun daina ganin baƙinsu.

Yadda abin yake a Sapa

Sapa wani gari ne a arewacin Biyetnam, a lardin Lao Kai, dab da iyakar ƙasar Sin, a gindin dutsen Fansipan mai tsawon fiye da mita 3,100. Mazauna ƙauyukan da ke kewaye da shi ƙananan ƙabilu ne, irin su Mong da Zao da Zay, masu harshensu da suturarsu daban da ta Kin, wato ƙabilar da ta fi rinjaye a ƙasar. Da yake ba su da fili shimfiɗaɗɗe, sai suka sassaƙe jikin duwatsu hawa-hawa kamar matakalar bene, kowane hawa da ɗan kunyarsa mai tare ruwa. Ruwan ƙorama na sauka daga fage na sama zuwa na ƙasa, a ciki suke dasa shinkafa. Saboda sanyi, sau ɗaya kawai ake girbi a shekara, don haka abinci yakan ƙare wa talaka kafin sabon ya nuna, kamar dai yadda muka san lokacin da rumbu ke ƙarewa a tsakiyar damina.

A farkon shekarun 1990 ne aka sake buɗe yankin ga baƙi. Turawa da mutanen birane suka fara zuwa domin su yi tattaki a ƙafa daga ƙauye zuwa ƙauye a kwarin Muwong Howa, su ratsa gonakin shinkafa, dare ya yi su kwana a gidan manomi a ƙauyuka irin su Lao Cai da Ta Ban. Baƙo ya biya kuɗin katifa da gidan sauro, ya ci abin da masu gida suka ci, da safe ya ci gaba da tafiya.

Abin da zai ba iyayenmu mata sha'awa shi ne, mata ne suka riƙe wuyan wannan sana'a. 'Yan matan Mong da yawa da ba su yi nisa a makaranta ba sun koyi Turanci a bakin baƙi, suka zama su ne jagorori masu nuna hanya. Su ne kuma ke saƙa zane, su rina shi da baba, irin babar da marinanmu suka sani, su yi masa ado da allura su sayar wa baƙon da ya kwana a gidansu. Mace ɗaya sai ta ci riba sau uku a kan baƙo ɗaya: ta jagoranci, ta abinci da makwanci, da ta kayan hannu.

To sai dai kuma inda duk aka ce kuɗi, manya ba sa barin ƙanana su ci su kaɗai. Kamfanonin shirya tafiye-tafiye na Hanoi, babban birnin ƙasar, su ne ke karɓar kuɗin baƙo tun kafin ya taso, abin da ke isa hannun mai gida da jagora kaɗan ne daga ciki. Da aka buɗe babbar hanyar mota daga Hanoi zuwa Lao Kai a 2014, aka kuma kafa keken igiya mai kai mutane ƙololuwar Fansipan a 2016, sai manyan otal-otal suka cika garin, wasu 'yan birni suka kama hayar gidaje a ƙauyuka suna kiransu gidan manomi. Yara ƙanana suka riƙa bin baƙi da tallar awarwaro a lokacin da ya kamata suna aji. Da annobar korona ta sa Biyetnam ta rufe ƙofarta ga 'yan yawon buɗe ido daga Maris 2020 zuwa Maris 2022, waɗanda suka tsira su ne waɗanda ba su saki gonarsu ba.

A ƙasar Filifin ma an ga makamancin haka. Hukumar UNESCO ta sanya gonakin shinkafa na ƙabilar Ifugawo cikin kayan tarihi na duniya a 1995, amma a 2001 sai da aka mayar da su jerin wuraren da ke cikin haɗari, saboda samari sun watse zuwa birane, katangun gonaki suna rushewa babu mai gyara. Sai a 2012 aka cire su daga jerin bayan an yi aikin farfaɗo da su. Baƙo dai gonar ya zo gani, idan manomi ya bar noma ya koma jiran baƙo, to abin kallon ma ya tafi.

Kusa da gida

Ba sai an je Asiya ba. A ƙasar Dogon ta Mali, wadda UNESCO ta amince da ita a 1989, baƙi kan bi gindin dutsen Bandiyagara a ƙafa suna kwana a kan soraye, ƙauyuka da dama suna ci daga wannan, har rikicin 2012 ya tsayar da komai. A nan Nijar, 'ya'yan waɗancan madugan gishiri ne suka zama jagororin Turawa a tsaunin Bagazam da lambunan Timiya masu lemo da rumman. Tawayen 2007 da sace ma'aikata a Arlit a 2010 suka karya kasuwar, kisan da aka yi a Kure a watan Agustan 2020 ya ƙara tsorata masu zuwa. Wannan ya nuna cewa baƙon nesa raɓa ne, ƙaramin tashin hankali ke ɗauke shi.

Saboda haka duk wanda zai ce wa mutanen Tasawa da Mayahi su gina ɗakuna su jira Turawa, bai faɗa musu gaskiya ba. Amma akwai baƙin da ba su taɓa yankewa ba. Akwai masu sarin wake da gyaɗa da riɗi da dabbobi da ke zuwa daga Maraɗi da Damagaram da Najeriya a ranakun kasuwa. Akwai ma'aikatan lafiya masu zagayen rigakafi, da ɗaliban aikin gona, da malaman makaranta da aka turo ƙauyen da babu gidan haya. Akwai kuma manoma da masana da ke zuwa ganin aikin sassabe, wato barin kututture ya tofo a gona a riƙa yi masa aski, wanda ya fara yaɗuwa daga jihar Maraɗi a shekarun 1980, ya kuma mayar da itatuwa kimanin miliyan 200 a fili mai faɗin kadada miliyan 5 a kudancin ƙasar. Ƙauyen Ɗan Saga na gundumar Agiye, maƙwabciyar Tasawa, ya yi suna a wannan fanni har ana kawo ayarin masu ziyara daga wasu ƙasashe.

Abin nunawa ma akwai. Kwarin Gulbin Kaba da ya ratsa Mayahi cike yake da goruba, kuma daga kabarsa mata ke saƙa tabarmi da faifai, maza na tufka igiya. A Maijirgi akwai kaburburan Bule da Shanuwan, hafsoshin Faransa da suka ƙone garuruwan ƙasar Hausa kafin sojojinsu su juya musu baya a watan Yulin 1899, tarihin da ya kamata ɗaliban ƙasar nan su je su ji daga bakin jikokin waɗanda abin ya shafa.

Abin lura ga mai son gwadawa

Darasi na farko daga Sapa shi ne a yi ciniki kai tsaye. Idan ƙungiya ko kamfani zai kawo baƙi, a zauna a yanke jika nawa ne kwana, nawa ne abinci, nawa ne na mai rakiya, a gaban shaidu, kafin baƙo ya sauke jakarsa. Kunya ta sa masu gida da yawa sun ciyar da baƙon da aka ware kuɗin cinsa a takarda, kuɗin kuma ya tsaya a aljihun wani.

Na biyu, abin da baƙo ke nema bai fi ƙarfin talaka ba: ɗaki mai shara da ƙofa mai kulluwa, gidan sauro, makewayi mai tsabta, ruwan sha da aka tafasa ko aka tace, da wurin cajin salula. Ƙungiyoyin Mata Masu Dubara, waɗanda aka fara kafawa a jihar Maraɗi a 1991 da tallafin CARE, suna iya fitar da jarin wannan daga asusunsu, su kuma tsara karɓa-karɓa ta yadda ba gida ɗaya ne zai riƙa kwashe baƙi ba.

Na uku, a halin da ake ciki na tsaro, kada a kwantar da wanda ba a sani ba sai an sanar da mai gari, shi kuma ya san yadda zai yi da hukuma. Masu masaukin da can ma haka suke yi, ba a sauke madugu sai an san ɗan wane ne. Kazalika kada a bar baƙo ya ɗauki hoton matan aure ko cikin gida sai da izini, kada kuma a cire yarinya daga aji domin ta yi wa baƙi talla.

Hausawa sun ce shimfiɗar fuska ta fi ta tabarma, kuma ba wanda ke cewa a fara karɓar kuɗi a hannun ɗan'uwa ko matafiyin da dare ya rutsa da shi. Amma wanda ya zo da aiki ko fatauci, kuma da ma an ba shi kuɗin masauki, gara ya kashe su a gidan manomin Korgom ko Kanambakashe da ya koma birni ya kwana. Yanzu da kaka ke ƙaratowa masu sari za su fara shigowa, ya rage wa ƙungiyoyin mata da sarakunan kasuwa su zauna su duba wane gida ne ke da ɗakin da ba a amfani da shi. Allah Ya ba da sa'a.