Ina ne Gagarawa, kuma mutum nawa ne a ƙauyukanta?

Gagarawa dai ɗaya ce daga cikin ƙananan hukumomi huɗu da ke ƙarƙashin masarautar Gumel, a arewacin jihar Jigawa a Najeriya.

Sauran ukun su ne Gumel, da Sule Tankarkar ta yamma, da kuma Maigatari wadda ke bakin iyaka da jamhuriyar Nijar.

Garin na Gagarawa yana kudu maso gabashin Gumel ne, a shimfiɗaɗɗen fili mai jigawa, inda ake noman gero da dawa da riɗi da wake a damina mai gajeren zango.

Layin dogon da ya tashi daga Kano zuwa Nguru, wanda aka kammala a 1930, ya ratsa yankin, abin da ya sa har yau akwai Gagarawa Gari da kuma Gagarawa Tasha.

Yawan jama'a

Ƙidayar da aka yi a watan Maris na 2006 ta nuna cewa ƙaramar hukumar na da mutane dubu 80 da 'yan kai, watau tana cikin mafiya ƙarancin jama'a a ƙananan hukumomi 27 na jihar.

A wancan lokacin Maigatari ta ninka ta fiye da sau biyu, yayin da jihar baki ɗaya ke da mutane fiye da miliyan huɗu.

Akasarin mutanen na zaune ne a ƙananan ƙauyuka da rugagen Fulani da ke warwatse a mazaɓu goma, kamar su Medu da Zarada da Maikilili da Garin Ciroma.

To amma hukumar ƙidaya ta ƙasa ta tsaya ne a kan alƙaluman jihohi da ƙananan hukumomi, ba ta fitar da na ƙauye-ƙauye ba kamar yadda aka yi bayan ƙidayar 1991.

Haka kuma ƙidayar da aka shirya yi a watan Mayun 2023, gwamnatin Muhammadu Buhari ta ɗage ta ana saura kwanaki kaɗan.

Wannan ya sa ake dogaro da ƙiyasi, da kuma abin da masu unguwanni da dagatai suka sani game da gidajen da ke ƙarƙashinsu.

Abin da ya sa lissafin ke da muhimmanci

Yawan jama'a na cikin ma'aunan da ake bi wajen rabon kuɗin tarayya, kuma da shi ake tsara inda za a gina makaranta ko ɗakin shan magani, da yawan allurar rigakafin da za a aika.

Batun ya ƙara fitowa fili a zamanin gwamna Badaru Abubakar, lokacin da aka ware kadada dubu 12 a Gagarawa da maƙwabtanta domin noman rake da kafa masana'antar sukari.

Manoma da dama sun nuna rashin amincewa da shirin, suna masu cewa gonakin na gado ne, kuma a kansu suka dogara wajen ci da iyalansu.

A irin wannan taƙaddama, sanin yawan magidantan da ke kowane ƙauye shi ne matakin farko na tantance waɗanda abin ya shafa, da kuma diyyar da ta kamace su.