Madugu Uban Tafiya: Ilimin Hanya Daga Tenere Zuwa Tekun Fasifik

Kantun gishirin Balma da makiyayi ke tayawa a kasuwar Magarya ko ta Dungas ya sha doguwar tafiya kafin ya iso. Shekaru aru-aru, da kaka ta yi, ayarin raƙuman Abzinawa kan keta hamadar Tenere zuwa Fachi da Balma, kusan kilomita 600 daga Agadas. Can za su yi lodin gishiri da dabino, su gangaro ƙasar Damagaram su musanya da gero, raƙumansu na kiwo a gonakin da aka girbe suna barin taki.

Ran ayari duka yana hannun madugu. Da rana yakan duba inuwa da yadda iskar hunturu ta kwantar da tuddan rairayi. Da dare taurari ne jagoransa: ya san inda kowanne ke ɓullowa da inda yake faɗuwa. In ya kuskure rijiya ɗaya, mutane da dabbobi sun halaka.

Irin wannan ilimi ne ya kai mutanen Folinesiya tsibiran Hawai da Tahiti da Niyu Zilan na tekun Fasifik cikin kwale-kwale. Matuƙinsu kan haddace mafitar taurari, ya ji bugun igiyar ruwa a jikin jirgi, ya bi tsuntsayen da ke komawa tudu da yamma. Zamanin mulkin Turawa ilimin ya kusa shuɗewa, har wasu masana suka ce iska ce kawai ta watsa kakanninsu a tsibiran. A 1976 Mau Piailug, ɗan tsibirin Satawal, ya ja jirgin Hokule'a daga Hawai zuwa Tahiti, kimanin kilomita 4,000, ba tare da wata na'ura ba. Daga nan matasa suka zauna gabansa ɗaukar karatu, kuma a 1980 almajirinsa Nainoa Thompson ya maimaita tafiyar.

A wajenmu manyan motoci da na'urar GPS suna ta rage wa madugu daraja, yaran da ke bin ayari kuma sai raguwa suke yi. Manoman Magarya ma da ke auna damina da fitowar taurarin Kaza da 'Ya'yanta galibinsu dattawa ne. Ya kamata Jami'ar André Salifou ta Damagaram ta tura ɗalibanta su naɗi bayanin waɗannan dattawa. Amma rubutu kaɗai ba zai wadatar ba, domin abin da ya ceci ilimin Folinesiya shi ne sake shiga teku tare da malami. Namu ma sai yaro ya bi madugu ya taka rairayi da ƙafarsa.