Zaɓen Rim Ga Motar Haya: Ma'aunai Da Gajiyar Ƙarfe

Da zarar an shiga kakar shinkafa a fadamar Rima, ƙananan motocin bas masu jigila tsakanin Augie da Argungu da Birnin Kebbi sukan rasa hutu. Fasinjoji a ciki, buhuna a baya, wani lokaci har da injin ban-ruwa a ɗaure a sama. Aikin ya ƙaru tun daga 2015, shekarar da aka ƙaddamar da shirin Babban Bankin Nijeriya na bai wa manoma rance a Birnin Kebbi, ya kuma daɗa ƙaruwa a 2017 da aka buɗe kamfanin casar shinkafa na WACOT a Argungu. Hanyoyin ƙauyuka kuwa, waɗanda ruwa kan ci kowace damina, ba su tausaya wa ƙafar mota. Idan mota mai lodi ta faɗa rami da gudu, sau da yawa taya takan tsira, amma rim, wato gargaren ƙarfen da taya ke zaune a kansa, ya lanƙwashe ko ya tsage.

Abin da direba kan yi sananne ne. Yakan je wurin masu sayar da kayan gwanjo, ya ƙirga ramukan rim ɗin da aka nuna masa, a gwada a jikin mota. In ya shiga, noti ya ɗauru, ciniki ya faɗa. To, a nan matsalar take, domin akwai rim da zai shiga sarai alhali bai dace da motar ba, kuma irin wannan ya fi haɗari bisa ga wanda ya ƙi shiga tun farko. Wanda ya ƙi shiga akan mayar wa mai shi nan take. Wanda ya shiga da ƙyar, ko ya shiga da 'yar rata, shi ake ɗora wa mutum goma sha takwas a kama hanya.

Abin da ke riƙe da ƙafar mota

Mutane da yawa sun ɗauka cewa nauyin mota yana rataye ne a kan turakun ƙarfen nan masu zare da ake ɗaura noti a kansu. Ba haka abin yake ba. Idan an ɗaure noti, kowane turke yakan miƙe kaɗan kamar sifirin mai tsananin tauri, ya matse bayan rim da fuskar cibiyar ƙafa, wadda makanikai ke kira hob. Wannan matsi shi ke haifar da gogayya tsakanin fuskokin biyu, kuma gogayyar ce ke ɗauke da nauyi da ƙarfin birki. Aikin turke shi ne ja kurum. Ranar da matsin ya ragu har rim ya fara motsi, sai nauyin ya koma kan turakun, ya riƙa lanƙwasa su sama da ƙasa a kowane juyi, alhali ba a ƙera su domin haka ba. Duk ma'aunan da za a ambata a ƙasa manufarsu ɗaya ce: rim ya kwanta daram a fuskar cibiya, matsin kuma ya dore.

Da'irar ramuka

Yawan ramuka rabin bayani ne. Ɗaya rabin shi ne faɗin da'irar da ramukan suke a kanta, wanda kamfanoni ke rubutawa da haruffan PCD. Motar Toyota Hiace da aka fara ƙerawa a 2004, wadda direbobi ke kira Homa, tana da ramuka 6 a kan da'ira mai faɗin milimita 139.7, wato inci biyar da rabi. Sabon samfurin Hiace na 2019 shi ma ramuka 6 gare shi, amma da'irarsa milimita 130 ce, saboda haka rim ɗin wannan ba ya hawa waccan duk da sunansu ɗaya.

Inda aka fi yin kuskure shi ne wajen motoci masu ramuka 5. Volkswagen Sharan, wadda aka sani da Sharon a tashoshin Arewa, da'irarta milimita 112 ce. Ta Toyota Sienna kuwa 114.3. Bambancin milimita 2.3 ne kacal, abin da ido ba ya gani, kuma kowane rami yakan kauce daga muhallinsa da milimita ɗaya da 'yan kai. Rim ɗin Sienna zai iya hawa Sharon in an matsa. Sai dai noti na farko da aka ɗaure zai jawo rim ɗin gefensa, sauran huɗun su zauna a karkace, kowanne yana taɓa gefe ɗaya na raminsa. A hannu za a ji sun ɗauru tam, amma matsin da ya isa fuskar cibiya kaɗan ne.

Awon ba shi da wuya. In ramukan 4 ne ko 6, sai a auna daga tsakiyar rami zuwa tsakiyar wanda ke fuskantarsa. In 5 ne babu mai fuskantar wani, don haka akan auna tsakanin tsakiyar ramuka biyu maƙwabta, a ninka da 1.701. Tazarar maƙwabta a rim ɗin Sharon ta kusa milimita 65.8, a na Sienna kuwa 67.2. Rula ta makaranta da ƙyar take raba waɗannan, shi ya sa ma'aunin ƙarfe mai baki biyu, irin na masu aikin injin, ya cancanci zama a shagon kowane mai sayar da rim.

Ramin tsakiya da mazaunin noti

Babban ramin da ke tsakiyar rim yana zama ne a kan wuyan cibiya, shi ke daidaita ƙafar kafin a ɗaure. Hiace ta 2004 da Nissan Urvan samfurin NV350 da'irar ramukansu ɗaya ce, 6 a kan 139.7, amma ramin tsakiyar Hiace milimita 106 ne, na Urvan 100. Rim ɗin Urvan ba zai wuce wuyan Hiace ba. Wasu kan kai shi wurin mai injin a faɗaɗa ramin, ko mafi muni a ci shi da wutar walda, abin da ke raunana tsakiyar rim ɗin kuma da wuya ramin ya fito daidai a tsakiya. Rim ɗin Hiace kuwa zai hau Urvan da ratar milimita 3 ta kowane gefe. Akwai zoben cike rata da ake ƙerawa domin haka. In babu shi, kuma ba a yi hattara wajen ɗauri ba, alamar farko ita ce rawar sitiyari idan mota ta ɗauki gudu.

Noti ma ba iri ɗaya ba ne. Zaren Toyota tazararsa milimita 1.5 ce, na Nissan 1.25, ko da yake kaurin turakunsu ɗaya ne, milimita 12. Notin wannan zai kama turken wancan juyi ɗaya ko biyu, sa'an nan ya cije, in an tilasta shi ya cinye zaren. Har ila yau bakin noti siffa uku gare shi: mai tsini kamar mazurari, mai zagaye kamar rabin ƙwallo irin na Volkswagen, da mai shimfiɗaɗɗen baki da wasa irin wanda Toyota ke sa wa rim ɗinta na alminiyam. Dole siffar bakin noti ta yi daidai da ta ramin rim. Mai tsini a cikin rami mai zagaye siririn layi kawai yake taɓawa, layin ya lotse bayan 'yar tafiya, noti ya saki.

Zurfin zama

Ma'aunin da aka fi mantawa da shi shi ne tazarar da ke tsakanin fuskar da ke manne da cibiya da ainihin tsakiyar faɗin rim. Akan buga shi a bayan rim da haruffan ET, daga wata kalmar Jamusanci, tare da lamba. Rim ɗin Hiace na asali yana ɗauke da 15×6J da ET35, ma'ana tsayinsa inci 15, faɗinsa inci 6, zurfin zamansa milimita 35. Gwargwadon ƙanƙantar lambar, gwargwadon yadda ƙafar za ta fito waje. Wasu rim na tsofaffin Land Cruiser ramukansu sun yi daidai da na Hiace, amma lambarsu sifili ce, ga su da faɗi. Motar takan yi kyan gani da su, matasan direbobi kuma suna son haka, amma kyan yana da farashi.

Duk wanda ya taɓa ɗaukar bokitin ruwa ya san cewa riƙe shi a gefen cinya ba ɗaya yake da riƙe shi da miƙaƙƙen hannu ba. Nauyin ruwan bai canza ba, tazararsa daga kafaɗa ce ta ƙaru, sai tsokar kafaɗa ta ninka aikinta. Haka boris ɗin ƙafar mota yake. An tsara shi ne nauyi ya sauka kusan a kansa, in an tura taya waje sai nauyin ya riƙa murɗa shi, ya yi zafi, ya ci kansa kafin lokacinsa. Sitiyari kan ƙara fizga idan ƙafa ɗaya ta bugi rami, taya kan goga a jikin bodi in an yi lodi, a wasu motocin ma ƙofar gefe mai zamewa takan bugi tayar baya. In kuma lambar ta yi yawa, ƙafar ta shige ciki, rim yakan taɓa kan birki.

Yadda ƙarfe ke gajiya

Direban da ƙafar motarsa ta cire yakan ce lafiya lau ya yi wata uku da rim ɗin, kuma a kan shimfiɗaɗɗiyar kwalta abin ya faru. Gaskiya ya faɗa, kuma kimiyya ta san dalili. A watan Mayu na 1842 wani jirgin ƙasa da ya taso daga Versailles zuwa Paris a Faransa ya yi mummunan haɗari bayan sandar ƙafafun injinsa ta karye, mutane da dama suka mutu. Irin wannan karaya ta sa wani injiniyan jiragen ƙasa na Jamus, August Wöhler, ya shafe shekaru tsakanin 1850 da 1870 yana gwaji. Ya nuna cewa nauyin da bai isa ya karya ƙarfe a karo ɗaya ba yana iya karya shi in an yi ta ɗorawa ana saukewa sau dubbai ko miliyoyi. Tsaga takan fara ƙarama ƙwarai, a gindin zare ko a wurin da tsatsa ta ci, ta riƙa ci gaba kaɗan-kaɗan har ƙarfen da ya rage ya kasa.

Tayar Hiace mai lamba 195/80R15 tsayinta kusan milimita 693 ne, saboda haka takan juya kimanin sau 460 a kowace kilomita. Tafiya ɗaya daga Argungu zuwa Birnin Kebbi ta haura juyi dubu ashirin. Motar da ke sawu biyu a rana za ta cika juyi miliyan ɗaya kafin mako biyu, kuma in rim yana motsi, kowane juyi lanƙwasa ɗaya ce ga kowane turke. Idan ɗaya ya karye, nauyinsa ya koma kan maƙwabtansa, su kuma ba su daɗewa.

Masana halittu sun san wannan cuta a jikin ɗan'adam. A 1855 wani likitan sojan Prussia mai suna Breithaupt ya bayyana ciwo da kumburin ƙafa da ke kama sojoji bayan doguwar tafiya, wanda daga baya aka gane ƙananan tsagogi ne a ƙasusuwan tafin ƙafa. Ƙashi ma yana gajiya, amma yana da abin da ƙarfe ba shi da shi. A cikinsa akwai ƙwayoyin halitta masu rushe wurin da ya tsage da wasu masu sake gina shi, har an ƙiyasta cewa kimanin kashi 10 cikin 100 na ƙashin baligi yana sabuntuwa kowace shekara. Sojan da ya huta makonni yakan warke. Rim ko ya shekara a jingine a shago, tsagarsa tana nan inda ta tsaya, tana jiran a ɗora masa lodi. Wannan shi ne haɗarin kayan gwanjo: ba a san juyi nawa rim ya riga ya yi a ƙasar da ya fito ba. Wajibi ne a wanke shi, a duba kewayen ramukan noti da haske. Ramin da ya zama kamar ƙwai, ko siririn layin tsatsa da ya fito daga bakin rami, sun isa dalilin barinsa.

Nauyi da ɗauri

Lambar 107 da ke jikin tayar Hiace tana nufin taya ɗaya na iya ɗaukar kilogiram 975. Tayar ƙaramar mota mai lamba 91 kuwa 615 ce iyakarta, kuma rim ɗin da aka ƙera mata ƙarfinsa bai wuce wannan da nisa ba. Rim na alminiyam da ya fito daga Japan yakan zo da tambarin JWL in na ƙananan motoci ne, ko JWL-T in na motocin kaya da bas ne. Ga motar da ke shiga fadama, rim na baƙin ƙarfe ya fi dacewa. In ya bugi rami lanƙwashewa yake yi, a gan shi, alhali na alminiyam ya fi saurin tsagewa, waldar da ake yi masa a bakin hanya kuma tana sauya ƙarfin wurin da wuta ta taɓa.

Ko rim ɗin da ya cika kowane sharaɗi yana iya cirewa in an ɗaura shi a kan datti. Busasshiyar laka ta fadama, ko tsatsa, ko fenti mai kauri a fuskar cibiya sukan murƙushe bayan tafiya kaɗan, matsin ya zube. Sai a kankare fuskokin biyu, a bar zaren a bushe ba tare da giris ko baƙin mai ba, a ɗaure noti ta tsallake, wato wannan sa'an nan na ƙetarensa. Ƙarfin ɗaurin da aka ƙayyade wa Hiace ta 2004 shi ne nitan-mita 100, daidai da danna ƙarshen sifana mai tsawon rabin mita da nauyin kilogiram 20. Yaron mai faci mai nauyin kilogiram 65 da ya zura bututu mai tsawon mita ɗaya a sifana ya hau kansa ya ninka wannan sau shida. Turken da aka ja haka yakan wuce iyakar miƙewarsa, ba ya komawa yadda yake, kuma ba ya ƙara riƙe matsi yadda ya kamata. Bayan an sauya rim, ana so a sake bin notin da sifana idan an yi tafiyar kilomita 50 zuwa 100. Ga direban da ya sauya a Argungu, wannan na nufin ya duba su da isarsa tashar Birnin Kebbi, kafin ya ɗauki fasinjojin komawa.