YAWON ƊANƊANA CAKULAN A BIRNIN BURASAL

'Yan uwana matan gida, da ku 'yan mata na makaranta, wannan mako labarin wata sana'a za mu kawo muku daga Burasal, babban birnin ƙasar Beljiyam. A can akwai mutanen da aikinsu ke nan kullum: su tara baƙi kamar goma ko fiye, su shiga gaba, su zaga da su tsohon gari da ƙafa har awa uku ko huɗu, suna nuna musu gine-gine suna ba su tarihi. Bayan kowace 'yar tafiya kuma sai a ratse wani kanti, a ba kowa cakulan ya ɗanɗana. Baƙon ya biya kuɗinsa tun da fari, kuma kuɗin ba kaɗan ba ne.

Kafin mu bi su, sai mu kau da wani ruɗani. In kun ji mun ce koko a nan, ba kokon da muke sha da ƙosai muke nufi ba. 'Ya'yan wani itace ne da ke fitowa a ƙasashen kurmi masu yawan ruwa, da su ake yin cakulan. Beljiyam ƙasar sanyi ce, ba a noman koko a cikinta ko gona ɗaya, amma duk duniya in an ce cakulan mai kyau sai a ambaci sunanta. Yadda aka yi haka ta faru shi ne abin da wannan yawo ke nuna wa mai lura.

Yawanci ana haɗuwa ne a babban dandalin gari, wanda suke kira Grand-Place. Fili ne shimfiɗe da duwatsu, gidaje masu ado da ruwan zinariya sun kewaye shi. Mafi tsawo a cikinsu shi ne gidan majalisar gari, wanda aka soma ginawa wajen 1401, hasumiyarsa ta kai mita 96, watau fiye da ƙafa 300. Cikin 1695 sojan Sarkin Faransa suka yi wa birnin ruwan igwa, yawancin gidajen dandalin suka ƙone. Masu sana'a ne suka sake gina su cikin 'yan shekaru kaɗan, kowace ƙungiya da gidanta: ga na masu burodi, ga na mahauta, ga na teloli, ga na masu jirgin ruwa. Jagora yakan tsaya ya nuna alamar kowace sana'a a jikin gini, don baƙo ya gane tun daga nan cewa garin masu aikin hannu ya shigo.

Daga dandalin, tafiyar minti biyu ko uku, sai a shiga wata doguwar rumfar kantuna mai rufin gilashi, Galeries Saint-Hubert, wadda aka buɗe cikin 1847. Tsawonta ya yi kamar mita 200. Ko ana ruwa, kuma ruwa ba ya wuya a garin nan, mutum yakan yi cinikinsa bai jiƙe ba. A cikin rumfar nan ne wani mutumin Suwizalan, Jean Neuhaus, ya buɗe kantin magani cikin 1857. Da ya ga mutane na ƙin magani saboda ɗaci, sai ya riƙa lulluɓe shi da cakulan, kamar dai yadda uwa ke sa wa yaro ƙwaya cikin zuma. Sannu a hankali masu zuwa don zaƙin suka fi masu zuwa don maganin. Cikin 1912 jikansa, shi ma Jean sunansa, ya fid da maganin ɗungum, ya zuba abin daɗi a madadinsa. Abin da ya fito shi ne ɗan ƙaramin cakulan mai ɓawo a waje da laushi a ciki, wanda suke kira praline. Loma ɗaya ne. Kantin yana nan a rumfar har yau.

To, ga inda mace ta shigo. A lokacin, in an sayi praline sai a zuba su cikin naɗaɗɗiyar takarda, irin yadda mai gyaɗa ke yi a bakin hanya. Kafin a kai gida rabi sun farfashe, sun manne da juna. Matar Jean, Louise Agostini, ita ta ga wannan asara. Cikin 1915 ita da mijinta suka fito da wani ɗan kwali mai murfi wanda ake jera su a ciki hawa hawa, ba mai danne wani. Sunansa ballotin. Da kwalin nan praline ya zama abin kai wa suruka da abin gaisuwar biki, ya kuma iya ƙetare teku. Duk kantin da kuka shiga a Burasal yau irin kwalin Louise za a ɗaure muku da zare. A ganinmu dabararta ba ta gaza ta mijinta ba, gama abin da ba ya isa gida lafiya ba ya samun kasuwa mai nisa.

Akwai kuma wata, Mary Delluc, wadda ta buɗe kantinta na kanta cikin 1919 a kan titin Rue Royale, a zamanin da ba kasafai ake ganin mace da kanti da sunanta a bisa ƙofa ba. Ta shirya wurin kamar ɗakin baƙi, mata su zauna su sha shayi su zaɓi abin da suke so. Cikin 1942 aka ba kantin takardar zama mai kai cakulan fadar sarkin ƙasar. Sunanta kawai, Mary, shi ne sunan kantin har yanzu, kuma yana da reshe a cikin rumfar gilashin nan.

Ɗanɗanar ma da ƙa'idarta. Jagora zai hana ku jefawa baki ku tauna kamar ƙuli-ƙuli. Da fari a duba: mai kyau yana sheƙi. Sa'an nan a karya kusa da kunne, a ji ya ce ƙas. A shinshina. Daga nan a ɗora a kan harshe a ƙyale shi. Man koko yana narkewa a zafin da bai kai na jikin mutum ba kaɗan, wajen digiri 34, shi ya sa yake tsaye a faranti amma ya narke a baki. Tsakanin wani da wani a kurɓi ruwa. In kun ga an rubuta 70 cikin 100 a jikin takarda, yawan kokon da ke ciki ake nufi, sauran kuwa yawanci sukari ne. Baƙin yana da ɗaci, amma wadda ta saba da goro ba za ta yamutsa fuska ba. Dama masana itatuwa sun ce koko da goro dangi ne. Mai launin ƙasa an sa masa madara. Farin kuwa man koko ne da madara da sukari kawai, yara sun fi son sa.

Yanzu ga abin da ya wajaba kowace Musulma ta riƙe. Waɗansu praline ana zuba musu giya a ciki, kuma da ido ba a rarrabe su da sauran. Wani lokaci ma ba ruwa ruwa take ba, an cuɗa ta ne da kirim ɗin ciki. Waɗansu alawoyin masu danƙo kuma ana yinsu da gelatin, wanda sau da yawa daga alade ake samunsa. Saboda haka a gaya wa jagora tun a dandali, kafin a ɗaga ƙafa, kuma a sake tambayar mai kanti kafin a miƙa hannu. Ba abin kunya ba ne. Garin na da Musulmi da yawa, masu kantuna sun saba da tambayar. Haka nan wadda jikinta ba ya karɓar gyaɗa da danginta ta faɗa, don cikin praline da yawa niƙaƙƙun 'ya'yan itace ne masu kama da gyaɗa, an soya su da sukari.

A hanya akan bi da baƙi ta wurin Manneken Pis, mutum-mutumin tagulla na wani ɗan yaro da ke fitsari cikin kwatarniya. An ƙera shi cikin 1619, wanda ke kan titi yanzu kwafinsa ne. Bai fi ƙafa biyu ba, amma yana da riguna fiye da 1,000 da aka yi masa kyauta. Yawancin baƙi sukan ce, "Ashe ɗan wannan ne?" su ɗauki hoto su wuce.

Daga nan sai hawan tudu zuwa unguwar Sablon, kuma a nan ne mai takalmi mai tsini za ta raina kanta a kan duwatsun titi. Kowa ya ci zomo ya ci gudu. A Sablon akwai Wittamer, wanda ke wurin tun 1910, da kantin Pierre Marcolini, wanda ya ci gasar duniya ta masu yin kayan zaƙi cikin 1995. Wani yawon yakan haɗa da shiga ɗakin aiki, a ga yadda ake narka cakulan ya yi zafi, a zuba a kan dutsen marmara a yi ta juyawa har ya huce zuwa wajen digiri 27, a sake ɗumama shi kaɗan. In an kuskure wannan, ba sheƙi, ba ƙas. Yawancin kantunan garin ba daga 'ya'yan koko suke farawa ba. Suna sayen cakulan da manyan masana'antu suka riga suka niƙa, irin ta garin Wieze, su kuma su yi aikin cikawa da ado. Marcolini na cikin 'yan kaɗan da ke sayen 'ya'yan su gasa da kansu, suna rubuta sunan ƙasar da suka fito a jikin takarda.

Sunayen ƙasashen nan su ne za su dawo da hankalin baƙuwa gida. Fiye da rabin kokon duniya daga Kwaddibuwa da Gana yake fitowa, a Afirka Nijeriya da Kamaru na biye. Wani shahararren cakulan na Beljiyam mai hoton giwa, Côte d'Or, wanda ya samu sunansa cikin 1883, ma'anar sunan ita ce Gwalkwas, tsohon sunan Gana. A Gana ana tunawa da wani maƙeri, Tetteh Quarshie, wanda ya komo da irin koko daga tsibirin Fernando Po cikin 1879. Mutanenmu na zangon Kumasi sun san gonakin nan sarai.

Aikin manomi kuwa ba ɗan ƙarami ba ne. Ɗan koko kamar ƙaramar gwanda yake, a jikin kututture yake fitowa, a ciki akwai ƙwaya 30 zuwa 40. A sare shi da adda, a kwashe ƙwayoyin, a tara a rufe da ganyen ayaba kwana biyar ko bakwai, kamar yadda ake rufe kalwa in za a yi daddawa. Ba don rufin nan ba, da ƙanshin cakulan bai fito ba ko an gasa. Sa'an nan a shanya a rana kamar mako guda, ana juyawa da hannu. Duk da haka abin da ke isa hannun manomi ɗan kaɗan ne daga kuɗin da ake biya a kantin Sablon, kuma da yawa cikinsu ba su taɓa sa praline a baki ba. Wani bincike na Jami'ar Chicago da aka fitar cikin 2020 ya ƙiyasta yara miliyan 1.56 ke aikin da ya fi ƙarfin shekarunsu a gonakin koko na Gana da Kwaddibuwa, waɗansu da adda a hannu, waɗansu da kaya masu nauyi. Ku 'yan makaranta, tsararrakinku ne. Jagora na kirki yakan faɗi wannan da kansa. Wanda bai faɗa ba, ba laifi a tambaye shi.

Har kaɗanyarmu tana da hannu a cinikin. Cikin 2000 ƙasashen Turai suka yi doka cewa ana iya sa wani mai dabam har 5 cikin 100 a cakulan, kuma man kaɗe na cikin mai shida da aka yarda da su. Daga kaɗanyar da mata ke tsinta a daji, yawancin wadda ake fitarwa waje masana'antun kayan zaƙi ne ke saye. Manyan kantunan Burasal dai suna alfahari da cewa su man koko zalla suke sawa.

Wadda Allah ya kai ta can, ta so riƙo tsaraba, ta lura. Praline mai ɗanyen kirim ba ya daɗewa, kuma ba ya jure zafin motar Kano ko Damagaram ko na awa ɗaya. Gara a sayi baƙin na falle falle, a riƙe a jakar hannu, a isa gida a ajiye a wuri mai sanyi nesa da albasa da daddawa, don yana ɗaukar wari. In an buɗe an ga ya yi fari fari a sama, kada a zubar. Man ne ya narke ya sake daskarewa, ana ci.