Sakaci, Ganganci da Tsautsayi: Matsayin Kalma a Shari'ar Diyyar Haɗarin Mota

1.0 Gabatarwa

Manufar wannan maƙala ita ce duba yadda ake tabbatar da laifi a ƙarar neman diyyar haɗarin mota, da irin nauyin da wannan ke ɗora wa harshe. Abin da ya ja hankalina shi ne halin direbobi da fatake Hausawa a nan Kudu inda nake koyarwa, waɗanda galibi sai ta bakin tafinta suke ba da shaida.

2.0 Abin da Kotu ke Nema

Dokar sakaci da kotunan Nijeriya suka gada daga Ingila ta kafu ne a kan hukuncin Donoghue da Stevenson na 1932. Wajibi ne mai ƙara ya nuna cewa akwai haƙƙin kula a wuyan direba, cewa ya tauye haƙƙin, kuma tauyewar ce ta jawo asarar da ake kuka da ita. Ba a buƙatar hujjar da ta kawar da duk wani kokwanto kamar a shari'ar laifi. Ya isa hujjarsa ta rinjayi ta abokin shari'arsa.

A da, in aka sami mai ƙara da ɗan hannu a haɗarin, to ba shi da ko anini. Ingila ta sauya wannan da dokar 1945, dokokin Nijeriya kuma suka bi sahu: ana raba laifin, a rage diyya gwargwadon kason mai ƙara. A shari'ar Froom da Butcher ta 1975 an tsayar da ragin kashi 25 cikin 100 ga wanda bai ɗaura bel ba, in da ɗaurawar za ta hana raunin ɗungurungum, da kashi 15 in za ta sassauta shi kawai. Wato mai diyyar naira 1,000,000 yana iya tashi da 750,000.

3.0 Inda Harshe ya Shigo

Hausa ba ta da ƙarancin kalmomi a wannan fage. Yawansu ne ma matsalar. Kuskure yana iya faɗa wa mai lura. Sakaci shi ne barin kular da ta wajaba. Ganganci ya ɗara sakaci, domin mai shi ya ga haɗarin ya kutsa. Tsautsayi kuwa ba ya ɗora laifi a kan kowa. A ganina, na biyu da na uku ne kaɗai ke haifar da diyya kai tsaye, amma na huɗun ne ya fi saurin zuwa bakin Bahaushe, ko da shi aka cuta, saboda tawakkali da kunyar tsananta wa wani. Tafintan da ya juya "tsautsayi ne" da ma'anar haɗarin da ba makawa, ya miƙa wa lauyan direba makami, alhali shaidan ladabi kawai ya yi.

Ginin jumla ma haka yake. Dubi waɗannan:

(1) Motar ta ƙwace mini.
(2) Birki ya tsinke.
(3) Na taka birki a makare.

A (1) da (2) an yi amfani da aikatau aji na huɗu bisa rabon Parsons na 1960, kuma mota da birki ne suka hau gurbin aikau, direba ya koma wanda abu ya auka wa. A (3) kaɗai ya ɗauki aikin a kansa. Ba lalle ne mai faɗar (1) yana ɓoye wani abu ba. Haka ake faɗa a tasha kullum. Sai dai alƙali ba zai iya raba kaso tsakanin mutum da birki ba. Dole ya tambaya: yaushe aka duba birkin, wa ya duba shi, kuma da wane gudu ake tafiya lokacin da ya tsinke?